Yadda na gyara matsalata da liniya aljabra, wani reshe na lissafi

Matsalar ita ce in ina karanta misalan da aka warware a littafi komai sai ya zo da sauƙi, ana ba ni sabuwar tambaya kuma kai ya ɗau zafi. Sai na koma rufe amsar da takarda, in yi da kaina, in na maƙale in buɗe layi ɗaya tak in sake rufewa.

Kuma na koyi duba amsa ba tare da littafin ba. Ɗauki matiriks, wato lambobi da aka jera layi-layi, mai 2, 1 a sama, 1, 2 a ƙasa, aiginbalu ɗinsa, wato lambobi na musamman da ake fitarwa daga matiriks, 3 da 1 ne. Ka haɗa su 4, daidai da jimlar dayagonal (lambobin da ke kan layin da ya gangaro daga hagu sama zuwa dama ƙasa, wato 2 da 2), ka ninka su 3, wato ditaminan kenan (a nan 2 sau 2 a cire 1 sau 1). In bai yi daidai ba to akwai kuskure, yawanci wajen alamar ragi yake ɓuya.