Yadda Ake Saita Tsirkiyoyin Jita da Na'ura da Kuma Kunne

Jitar da ta sauka daga saiti, ko gwanin gwanaye ne ya ɗauke ta ba za ta yi daɗi ba. Masu koyo da yawa sukan ɗora wa yatsunsu laifi, su yi ta gyara danni, alhali tsirkiya ɗaya ce ta ɗan saki. Aikin minti biyu ne in hannu ya saba, amma sai ka san abin da kunnenka yake nema.

Abu uku ne ke sa muryar tsirkiya ta yi kauri ko ta yi kaifi: tsawonta, kaurin jikinta, da ƙarfin ɗaurinta. Kauri daga masana'anta ya zo, tsawo kuma yatsa ne ke rage shi duk lokacin da ka danna a wuyan jita. Saura ɗauri, shi ne a hannun mai saiti, ana ƙara shi ko a rage da mamurɗan nan shida da ke kan jita.

Ana auna murya da yawan karkarwar da tsirkiya ke yi a sakan ɗaya, a rubuta Hz. Ma'aunin da aka fi bi a duniya shi ne muryar A mai 440 Hz. Muryoyin kiɗa goma sha biyu ne a jere: A, A#, B, C, C#, D, D#, E, F, F#, G, G#, sannan a koma A. Lura, tsakanin B da C babu komai, haka tsakanin E da F. Kowane gida a wuyan jita, wato filin da ke tsakanin ƙarafa biyu da aka gicciya, taki ɗaya ne a wannan jeri. Idan ka kai gida na 12 ka raba tsirkiya biyu daidai, karkarwarta ta ninka, muryar ta koma sunanta na farko sai dai ta fi kaifi. Wannan ninkin shi makaɗa ke kira oktef.

Ana ƙirga tsirkiyoyi daga siririyar ƙasa, ita ce ta 1, zuwa mai kaurin sama, ta 6. Saitin da aka saba shi ne:

ta 6: E, 82.4 Hz
ta 5: A, 110 Hz
ta 4: D, 146.8 Hz
ta 3: G, 196 Hz
ta 2: B, 246.9 Hz
ta 1: E, 329.6 Hz

Saiti da na'ura

Na'urar da ake maƙalawa a kan jita ta fi manhajar waya amfani a wuri mai hayaniya, domin girgizar katako take ji, ita kuwa waya duk abin da ke ɗaki tana ɗauka. Kafin komai ka duba an saita ta a 440, don maɓalli ɗaya in ya taɓu bisa kuskure sai ta koma 442 ko 438, kai kana ganin kore, alamar saiti ya yi, amma ba ka daidai da kowa.

Kaɗa tsirkiya ɗaya kawai, kaɗawa matsakaiciya, ka kwantar da hannu a kan sauran su yi shiru. In ka finciko ta da ƙarfi, muryar takan fara da hawa sama kafin ta zauna, allurar na'urar ta yi ta rawa. Ka bi tsirkiyar da yatsa har kan jita ka tabbatar mamurɗinta ne ka kama. Tsirkiyoyi da yawa a nan suke tsinkewa: ana kaɗa ta 2, ana murɗa ta 1, an ji murya ba ta motsa ba sai a ƙara murɗawa. Murɗawa kwata ta isa ka ji sauyi. In ba ka ji ba, dakata.

Na'ura sunan muryar da ta fi kusa take nunawa, ba sunan da kake so ba. Idan tsirkiya ta 6 ta saki sosai za ka ga D ko D#. Koma kan jerin nan na goma sha biyu: D# tana kafin E, ke nan ɗauri za ka ƙara. In ka ga F, ka wuce, sai ka sassauta.

Kullum daga ƙasa ake hawa zuwa saiti. In ka zarce, kada ka sassauta kaɗan ka tsaya a nan. Sauko ƙasa da muryar, ka ɗan ja tsirkiyar da yatsa, sannan ka sake hawa a hankali. Dalili kuwa, akwai ɗan wasa a haƙoran mamurɗi, kuma tsirkiya takan maƙale a tsagin ƙashin da ke bakin wuya. In ka tsaya a kan sassautawa, sakin yana nan ɓoye, da ka kaɗa sau biyu zai fito. Bayan ka gama shidan ka sake zagaye na biyu, saboda kowace tsirkiya da ka ɗaure tana ƙara jan wuya, sauran su ɗan sauka.

Saiti da kunne

Nan ne ainihin koyon yake. Ka samu muryar E tabbatacciya daga fiyano ko na'ura, ka saita ta 6 da ita. Danna ta 6 a gida na 5, muryar da za ta fito A ce, da ita za ka daidaita ta 5 a sake, wato ba a danne ba. Ta 5 a gida na 5 ta ba ka D ta tsirkiya ta 4. Ta 4 a gida na 5 ta ba ka G ta ta 3. A nan ƙa'idar ta karye: ta 3 a gida na 4 ake danna ta, ba na 5 ba, a samu B. Daga nan ta 2 a gida na 5 ta ba ka E ta ƙarshe.

Me kunne zai saurara? Sabon mai koyo ba ya iya cewa wannan ta fi waccan kaifi in tazarar ƙarama ce, kuma ba sai ya iya ba. Kaɗa tsirkiyoyin biyu tare ka bar su suna amo. In ba su daidaita ba za ka ji sautin yana kumbura yana sacewa, wau-wau-wau. Saurin wannan bugun shi ne bambancin da ke tsakaninsu: ɗaya 110, ɗaya 113, bugu uku ke nan a sakan. Kana murɗawa bugun yana rage gudu, to kan hanya kake. Yana ƙara gudu, ka juya baya. Ya lafa, sautin ya miƙe santal kamar tsirkiya ɗaya, ka iso. Domin ka ji wannan da kyau, riƙe dannin da hannun hagu, ka tsallako da na dama ka murɗa tun amon bai mutu ba.

Aibin wannan hanya shi ne kuskure yana taruwa. Ɗan abin da ka rasa a ta 5 zai bi ta 4, ya ƙaru a ta 3, kafin ka kai ta 1 ya zama babba. Saboda haka ka gwada da oktef: ta 6 a sake da ta 4 a gida na 2, ta 5 a sake da ta 3 a gida na 2, ta 4 a sake da ta 2 a gida na 3, ta 3 a sake da ta 1 a gida na 3. Ta 6 da ta 1 kuma duka E ne, oktef biyu tsakaninsu, ya kamata su narke cikin juna.

Akwai tarkon da masu kaifin kunne suka fi faɗawa. Mutum ya kama haɗin E, wato muryoyi da dama da ake kaɗawa tare, ya ji tsirkiya ta 3 kamar ta ɗan yi sama, ya sassauta ta har haɗin ya yi zaƙi. Da ya koma haɗin C ko G sai ya ji komai ya wargaje. Ba jitar ce ta lalace ba. An raba oktef kashi 12 daidai wa daida don a iya kiɗa daga kowace murya aka fara, kuma sakamakon haka tazarar taki huɗu, irin ta E zuwa G#, ta fi wadda kunne ke so faɗi da kusan kashi 14 cikin 100 na taki ɗaya. Haka abin yake a fiyano ma. Kada ka saita jita don haɗi ɗaya ya yi daɗi.

In saiti ya ƙi zama

Sabuwar tsirkiya miƙewa take yi. Ta ƙarfe, ka ɗaga ta da yatsa kamar santimita biyu a tsakiya, ka sake saitawa, sau uku ko huɗu, za ta zauna a ranar. Ta nailan sai ta yi kwanaki tana sauka, haƙuri ne maganinta. Naɗi ma yana da hannu: zagaye biyu zuwa uku a masu kauri, huɗu ko biyar a sirara, kowane zagaye a ƙarƙashin na baya, kada su hau juna. Naɗin da ya cukurkuɗe zamewa yake yi.

In kana murɗawa murya ba ta motsi, can sai ka ji "ƙis" ta yi tsalle, tsirkiyar ce ke maƙalewa a tsagin ƙashi. Sassauta ta, ka ɗaga, ka goga bakin fensir a tsagin, baƙinsa yana sa santsi.

Wani lokaci tsirkiya a sake daidai take, amma da an hau sama a wuya sai murya ta kauce. Gwada haka: ɗora yatsa a hankali a kan ƙarfen gida na 12 ba tare da ka danna ba, ka kaɗa, za ka ji wata siririyar ƙara kamar ƙararrawa. Sannan ka danna gidan sosai ka kaɗa. Ya kamata su zama ɗaya. In dannanniyar ta fi kaifi, tsirkiyar ta yi gajarta, jakin da take kwance a kai a cikin jita yana bukatar ja baya. In ta fi kauri, gaba zai matso. A yawancin jitocin lantarki akwai noti ga kowace tsirkiya, a ta katako kuwa aikin mai gyara ne. Amma kafin ka taɓa jaki ka sauya tsirkiyoyi, don tsohuwar da ta yi tsatsa da dauɗa ƙarya take yi a wannan gwaji. Ka kuma duba danninka: yatsa daf da bayan ƙarfe, da ƙarfin da zai hana kurman sauti kawai. Matsawa da yawa tana miƙa tsirkiya, murya ta hau.

Zafi da laima suna motsa katako, don haka jitar da ta fito daga mota ko ɗaki mai sanyi a ba ta minti goma ta saba da wurin kafin a saita. Kuma kada a ɗaura tsirkiyar ƙarfe a jitar da aka ƙera don nailan. Jan nailan shida wajen kilo 40 ne, na ƙarfe kuwa yakan kai 70, ya lanƙwasa wuya ko ya ɓamɓare jakin daga jikin katako.