Darasi na Tara: Gasa Mofin na Tuffa da Ots a Gida

Mofin ɗan ƙaramin kek ne da ake gasawa a cikin tire mai ramuka, kowane rami yana ɗaukar guda ɗaya. Ya bambanta da kek na gaske ta wajen yadda ake kwaɓa shi, domin shi kek yana bukatar a daɗe ana buga man shanu da sukari har su yi fari, shi kuwa mofin ba ya son wahalar hannu ko kaɗan. Wannan ne ya sa ya dace da wanda bai taɓa gashi ba. A wannan darasi za mu koyi yin mofin guda 12 da tuffa da hatsin ots, kuma a kan hanya za mu ƙara sabawa da karanta awo da lambobi, tun da gashi ba ya yiwuwa sai da su.

Sanin kayan haɗi

Ots hatsi ne da ya fi son ƙasa mai sanyi da danshi, shi ya sa ake noma shi da yawa a ƙasashe irin su Kanada da Rasha. Wanda ake sayarwa a leda ko gwangwani iri-iri ne. Akwai wanda aka turara aka murƙushe ya yi fale-fale, akwai wanda aka ƙara yi wa ƙanana domin ya nuna da wuri, sannan akwai wanda aka datsa ƙwayarsa kawai ba a murƙushe ba. Na farko shi ne mafi dacewa da aikinmu, na biyu ma yana yi, amma na uku ba zai nuna a cikin minti ashirin ba, kuma mai ci zai ji shi kamar tsakuwa a baki. Ots yana ɗauke da wani sinadari da ake kira beta-gulukan, wanda ke taimakawa wajen rage yawan kolestirol, wato wani irin kitse, a jini. Duk da haka kada a ɗauka mofin magani ne, domin akwai sukari da mai a cikinsa, kuma gaskiyar magana ita ce abin marmari ne wanda ots ya ƙara wa amfani.

Game da tuffa, a zaɓi mai tauri wadda idan an danna da yatsa ba ta lotsawa. Koriyar tuffa mai ɗan tsami da ake kira Granny Smith, wadda asalinta daga Ostireliya ne tun shekarar 1868, tana riƙe jikinta a cikin wuta ba ta narkewa, kuma tsaminta yana daidaita zaƙin sukari. A ganina ita ce gaba, amma jar tuffa mai zaƙi ma tana yi, sai dai a rage sukari kaɗan.

Abu na uku da ya kamata a fahimta da kyau shi ne abin da ke sa kwaɓin ya tashi. Ba a sa yis a mofin, bekin fauda da bekin soda ake sawa. Wani mai haɗa magunguna ɗan Ingila, Alfred Bird, shi ne ya haɗa bekin fauda a shekarar 1843 saboda jikin matarsa ba ya karɓar yis. Bekin soda gari ne wanda idan ya haɗu da abu mai tsami da danshi sai ya fitar da iskar kabon dayoksaid, ita kuwa wannan iska takan maƙale a cikin kwaɓi ta yi ƙananan kumfa, su ne suke kumbura mofin. Bekin fauda kuwa soda ce da aka riga aka gauraya ta da nata tsamin a bushe. Ke nan duk inda aka sa bekin soda dole a sami abu mai tsami a cikin haɗin, kuma a namu haɗin yogot ne yake yin wannan aiki. Idan ana shakkar ko bekin fauda ta tsufa, a zuba rabin ƙaramin cokali a cikin ruwan zafi. Idan ta yi kumfa nan take tana da rai, idan ta kwanta shiru sai a nemi sabuwa.

Awo

Kafin a taɓa komai, a karanta waɗannan lambobi sau biyu. Kofin awo ɗaya yana ɗaukar mililita 240, babban cokali mililita 15, ƙaramin cokali mililita 5. Babban cokali ɗaya daidai yake da ƙananan cokula uku.

Na busassun kaya ana bukatar fulawa kofi ɗaya da rabi, wato kimanin giram 190, da ots kofi ɗaya, kimanin giram 90, da sukari rabin kofi, kimanin giram 100. Sai bekin fauda ƙaramin cokali 2, bekin soda rabin ƙaramin cokali, garin kirfa ƙaramin cokali 1, da gishiri rabin ƙaramin cokali. Na kayan ruwa kuma ana bukatar yogot marar sukari kofi ɗaya, ƙwai 2, man girki marar ƙamshi sulusin kofi, wato mililita 80, da tuffa matsakaita guda 2. Wanda bai da yogot ya auna madara kofi ɗaya, ya zuba mata babban cokali ɗaya na ruwan lemun tsami, ya bar ta minti biyar har ta ɗan tsinke, za ta yi aikin da yogot yake yi.

Akwai kuskuren da masu koyo da yawa suke yi wajen awon fulawa, shi ne cusa kofi cikin buhu a danna. Fulawar da aka danna takan fi wadda ake bukata nauyi sosai, sai mofin ya fito a bushe. Yadda ake yi shi ne a riƙa ɗibar fulawa da cokali ana zubawa a kofi har ya yi tozo, sannan a bi bakin kofin da bayan wuƙa a share abin da ya hau sama. Mai ma'aunin kicin ya huta da wannan duka, domin giram ba ya ƙarya.

Kwaɓawa

Da farko a zuba ots a cikin kwano, a juye yogot a kai, a gauraya, a bar shi minti 10 zuwa 15. Wannan jira yana da dalili. Busasshen ots yana shan ruwa sosai, idan kuma ba a bar shi ya sha tun yanzu ba, zai shanye ruwan kwaɓin a cikin wuta ya bar mofin babu laushi. A cikin wannan lokaci a kunna obin, wato murhun gashi, a sa shi a digiri 190 na ma'aunin Selshiyas, wanda ya yi daidai da 375 a ma'aunin Faranhait. Idan obin ɗin mai fanka ne a ciki, a rage zuwa 170. A shafa mai a ramukan tire ko a jera takardun mofin a ciki.

Sai a wanke tuffa, a raba kowace gida huɗu, a cire tsakiyar da 'ya'yan. Ni na fi son a gurza guda ɗaya, ɗayar kuma a yanka ta ƙanana kamar girman farcen ɗan yatsa, domin gurzajjiyar tana bazuwa ko'ina ta ba da danshi, yankakkiyar kuma ita ce haƙori yake tararwa ya ji daɗi. Fere ɓawo ba dole ba ne. Za a ga tuffar ta fara yin ja-ja jim kaɗan bayan an yanka ta. Wannan ba lalacewa ba ce, haɗuwar namanta da iska ce ke kawo haka, kuma 'yan ɗigon ruwan lemun tsami suna jinkirta shi.

A wani babban kwano dabam a tankaɗe fulawa tare da bekin fauda da soda da gishiri da kirfa, a zuba sukari, a juya sosai da cokali mai yatsu. A nan babu laifi a daɗe ana juyawa, hasali ma ana so, domin idan soda ta dunƙule wuri ɗaya, wanda ya ci karo da ita zai ji ɗaci mai kama da sabulu. Daga nan a koma kan ots da ya jiƙa, a fasa ƙwai a ciki, a zuba mai, a kaɗa har su zama ɗaya, sannan a zuba tuffa.

Yanzu mun zo inda mofin yake gyaruwa ko ya ɓaci. A yi ɗan rami a tsakiyar busassun kaya, a juye kayan ruwa gaba ɗaya, a ɗauki babban cokali a riƙa ɗago kwaɓin daga ƙasan kwano ana kifa shi a sama, a hankali, ana juya kwanon da ɗaya hannun. Sau goma sha biyu zuwa sha biyar ya isa. Da zarar busasshiyar fulawa ta kusa ɓacewa, a ajiye cokali, ko da ana ganin gudaji da ɗan farin gari nan da can. Ido zai ce aiki bai ƙare ba, hannu kuma zai so ya ci gaba har kwaɓin ya yi sumul, amma a nan ne ake bukatar haƙuri. Dalili shi ne fulawar alkama tana da sinadaran da idan sun jiƙa aka yi ta motsa su sai su haɗu su zama guluten, wani abu mai danƙo da ja. Burodi yana son wannan danƙo, shi ya sa ake murza shi da ƙarfi, mofin kuwa danƙon yana mai da shi mai tauri. Karon farko da na gwada, na buga kwaɓin har ya yi santsi ina ganin na kyauta, da na ɓare guda ɗaya bayan ya huce sai na tarar da dogayen ramuka a cikinsa kamar hanyar tsutsa, samansa ya yi tsini, yana kuma jan haƙori. Duk wanda ya ga waɗannan alamu uku a nasa, ya sani juyi ne ya yi yawa.

Gashi

Kada kwaɓi ya zauna jira, domin soda ta fara aiki tun lokacin da ta taɓa yogot. A raba shi cikin ramuka 12, kowane rami a cika kashi uku cikin huɗu, a barbaɗa ɗan busasshen ots a sama, a sa tiren a tsakiyar obin. Idan wani rami ya rage babu komai, ba matsala. A duba agogo a rubuta lokacin da aka sa. Gashin yana ɗaukar minti 18 zuwa 22, kuma a cikin minti 15 na farko kada a buɗe ƙofa, saboda iska mai sanyi tana iya sa mofin da ke tashi ya faɗa. Idan lokaci ya yi, a soka tsinke mai tsabta a tsakiyar guda ɗaya. In ya fito a bushe ko da ɗan ɓurɓushi, ya nuna. In ya fito da ɗanyen kwaɓi, a ƙara minti uku. Wani lokaci tsinken yakan faɗa kan yankin tuffa ya fito da danshi, don haka a gwada a wuri na biyu kafin a yanke hukunci.

A fitar da tire da ƙyalle mai kauri busasshe, domin jiƙaƙƙen ƙyalle yana kai zafi hannu nan da nan. A bar mofin minti biyar a cikin tire, sannan a ciro su a jera a kan raga su sha iska. Idan aka bar su suka huce a ciki, tururi yakan taru a ƙasansu ya jiƙa su. Bayan sun huce sarai, suna kwana biyu zuwa uku a cikin roba mai murfi, a firiza kuma suna kai wata uku. Kafin a miƙa wa baƙo, yana da kyau a faɗa masa akwai alkama da ƙwai da madara a ciki, saboda akwai mutanen da jikinsu ba ya karɓar ɗayansu.

Aikin gida

Kowa ya ɗauki littafinsa ya rubuta awon da zai yi amfani da shi idan mofin 6 kawai yake so, wato rabin abin da muka yi. Fulawa za ta koma giram 95, ƙwai ya koma ɗaya. Sauran kayan ku lissafa da kanku, ku kula musamman da rabin rabin ƙaramin cokali na soda, ku rubuta shi da kalmomi da kuma lamba. Bayan haka, idan an sa tire a wuta da ƙarfe 4:25 na yamma, ku rubuta lokacin da ya halatta a fara buɗe ƙofar obin, da lokacin da za a soka tsinke karo na farko.