Yadda za ka jawo 'ya'yan talakawa cikin wasan takobi, irin na Peter Westbrook

Idan kana son koya wa yaran unguwa wasan da ake ganin na masu hannu da shuni ne, fara da cire musu batun kuɗi. Wasan takobi yana cin kuɗi: ga hular raga ta kare fuska, ga farar riga mai kauri, ga safar hannu, ga takobin kansa, wanda yakan karye. Uban da ke fama da kuɗin haya ba zai saya ba. Gidauniyar da Peter Westbrook, shahararren ɗan wasan takobi na Amurka, ya kafa a New York a 1991 ita ke tanadar kayan, yara su hallara ranar Asabar da safe su ara. Kai ma tara kayan aro kafin ka tara yara.

Kada ka jira yaro ya zo da sha'awarsa. Shi kansa Westbrook, da ya tashi a gidajen gwamnati na marasa galihu a birnin Newark na Amurka, mahaifiyarsa 'yar Japan ce ta lallashe shi da dala 5 ya je ya gwada, don ta raba shi da faɗan titi. Yaron nan ya zama zakaran Amurka sau 13, ya kuma ci lambar tagulla a Olamfik ɗin Los Angeles a 1984. Saboda haka ni ban ga aibun a jawo yaro da ɗan abin hasafi ba. In ya riƙe takobi, wasan zai riƙe shi.

Sai batun makaranta, kuma nan ne nake ganin masu horarwa da yawa suna sakaci. Gidauniyar ta haɗa horo da darasin boko, ana bin sakamakon yaro. Ka nemi ganin takardar jarrabawarsa kamar yadda kake duba tsayuwar ƙafarsa. Kaɗan ne za su kai Olamfik, amma a Amurka wasan yana buɗe ƙofar jami'a, kamar yadda ya kai Westbrook Jami'ar New York da tallafin karatu.

Ka sa manyan ɗalibai su koyar da ƙanana. Yaro ya fi yarda da wanda ya fito daga irin layinsu.

Kada ka manta da 'yan mata. Kayan wasan suna rufe jiki gaba ɗaya, abin da ya jawo Ibtihaj Muhammad ke nan. A gidauniyar ta goge, ta ci tagulla da tawagar Amurka a Rio a 2016 sanye da hijabi.

Sannan ka yi haƙuri da lokaci. Keeth Smart da ƙanwarsa Erinn suna cikin ɗaliban farko, amma sai 2008 suka ɗauko azurfa a Beijing. Lauren Scruggs, ita ma ɗalibar gidauniyar, ta ci azurfa da zinare a Paris a 2024, 'yan watanni kafin rasuwar Westbrook yana da shekara 72.