Kuɗin ciyarwa da kotu ta yanke: inda mutane suke yawan kwafsawa

Tun da aka cire tallafin mai a watan Mayun 2023 kusan duk nafaƙar da alƙali ya yanke kafin nan ta koma kamar wasa, matar da aka yanke wa 20,000 a wata ita da yara biyu in ta shiga kasuwar Kawo a Kaduna da kuɗin nan ko leda biyu ba za ta cika ba, shi ma uban yaran kuka yake yi. To ana canza hukuncin, ana ƙarawa ana ragewa. Amma kotu ce ke canzawa, kuma sai ta ji bakin kowa.

Mu fara da maza, don nan ne na gani da idona. Yayana na aiki a wani kamfani a Kakuri aka sallame su, yana biyan 30,000 sai kawai ya mayar da shi 15,000, ya tura wa uwar yaran saƙo a WhatsApp wai ta yi haƙuri da yanayi. Wata takwas ana haka sai ga sammaci. Abin da alƙali ya fara tambayarsa shi ne "Malam, wa ya ba ka izinin ragewa?" Ya hau bayanin sallama, aka ce ina takardar, babu, ga shi kuma an san yana jan keke napep. Aka lissafa masa ragowar a matsayin bashi. Gaskiya ne ana duba ƙarfin namiji, aya ta 7 a Suratuɗ Ɗalaƙ ta ce mai yalwa ya ciyar daga yalwarsa, wanda aka ƙuntata wa ya ciyar daga abin da Allah Ya ba shi, sai dai ba kai za ka yanke wa kanka cewa ka talauce ba. Ranar da samunka ya faɗi ka je wurin rajistaran kotun da ta yi hukuncin ka nemi a sake duba adadin, da takardar sallama ko ta albashi ko ta asibiti a hannunka, kuma ka ci gaba da biyan abin da za ka iya kafin a zauna.

Mata kuma nasu kuskuren shi ne zuwa hannu rabbana. "Ranka ya daɗe komai ya yi tsada." Alƙali ma a garin yake, ya sani. Abin da yake so ya gani rasit ɗin makaranta ne na da da na yanzu, kuɗin haya, katin asibitin yaro in yana da ciwon da ake ta magani. Sannan a daina haɗa naki da na yara. A Malikiyya wadda aka yi wa sakin kome tana da cikakkiyar nafaƙa har ta gama idda, mai ciki har ta haihu, bayan nan naki ya ƙare, na yara ne ke ci gaba a kan ubansu. In kika shiga kina neman ƙarin "kuɗina" shekara biyu bayan idda kin ba shi ƙofar tsira da kanki.

Sai maganar sammaci, wadda ita ce ta fi rusa shari'a. Wata sai a ba ta shawara wai ta ba masinjan kotu tsohon adireshinsa na Rigasa alhali ta san ya koma Mando, don a yi ƙarin ba ya nan. Wallahi wahalar banza ce. Sashe na 36 na kundin tsarin mulkin 1999 ya ba kowa haƙƙin a saurare shi, a shari'ar Musulunci kuma akwai i'izari, wato kafin alƙali ya yanke sai ya tambayi kowane ɓangare ko yana da sauran magana ko hujja. In ba a kai masa sammaci ba, ko ba a yi i'izarin ba, kotun sama na iya soke komai ta ce a sake daga farko, kin yi asarar wata da watanni da kuɗin mota. Amma kai ma malam kar ka ɗauka wannan mafaka ce, in an kai maka takarda ka sa ƙafa ka shure, dama aka ba ka ka ƙi, ana iya ci gaba ba ka nan. Ba ka da lafiya ko kana tafiya? Tura wakili ko lauya ya nemi a ɗage.

Sulhun gida yana da kyau, kawunnai su zauna a zaure a yarda a kan 25,000 a shafa fatiha. Sai dai takardar kotu har yanzu tsohon adadi take ɗauke da shi, ranar da aka ɓata, da wannan takardar za a yi aiki. Ku kai sulhun gaban alƙali ya rubuta. Biya kuma ta banki, ko ta kotu a karɓi rasit, kuɗin da aka ba ƙanwarta a bakin ƙofa ba shi da shaida.

Wasu suna rikita ɗaukaka ƙara da neman canji. In hukuncin ne kake ganin an yi kuskure tun asali, sama za ka je, har Kotun Ɗaukaka Ƙara ta Shari'a ta jiha, kuma da wa'adi, galibi kwana 30, saboda haka nemi kwafin shari'a da wuri. In yanayi ne ya canza daga baya, kotun farko za ka koma.

Masu auren rajista su tasu hanyar Babbar Kotu ce, ƙarƙashin dokar shari'o'in aure ta 1970, ita ma ba ta taɓa adadin sai an nuna mata yanayi ya canza sosai ko an ɓoye mata wata muhimmiyar gaskiya tun farko. Wanda ba shi da kuɗin lauya ya leƙa ofishin Legal Aid, hukumar da ke taimaka wa marasa ƙarfi da lauya, ko ƙungiyar lauyoyi mata ta FIDA a nan Kaduna, ya tafi da kwafin hukuncin farko, don shi za su fara tambaya.