Yadda za ku je kallon jajayen duwatsun Al'ula daga Madina, ku 'yan kaɗan a mota ɗaya

Tun da na ɗora hotunan duwatsun nan a WhatsApp mutane ke ta damuna da tambaya wai ina ne nan, wasu har rantsuwa suke cewa Amurka ce. To Saudiyya ce jama'a, wani gari ne da ake ce ma Al'ula a arewacin Madina, kuma duk mai zuwa Umara daga nan Gombe in ya ware kwana biyu cikin kwanakinsa na Madina zai iya zuwa ya dawo lafiya lau. Bari in rubuta yadda ake yi sau ɗaya kowa ya karanta, ni ma in huta da amsa waya.

Shirin daga gida yake farawa, wajen ejen. Tun 2022 Saudiyya ta ba masu bizar Umara damar zagaya sauran garuruwan ƙasar, ba kamar da ba da mutum iyakarsa Makka da Madina da Jidda. Bizar aikin Hajji ba ta cikin wannan fa, kada wani alhaji ya je ya ce ni na ce. Kafin ka biya kuɗin kujera ka zauna da ejen ɗinka ka gaya masa kana son kwana biyu na kanka a Madina, domin yawanci sun riga sun yanka ranar ziyara da ranar tashi zuwa Makka, in ka yi shiru sai ka tarar motarku ta wuce mikati kai kana can gindin dutse kana ɗaukar hoto. Kuma in Madina kuka fara sauka ku yi tafiyar nan kafin ku ɗaura harami, wannan ko ba a faɗa ba.

Sai maganar yawan mutane, wadda ni a wajena ita ce ke gyara tafiyar ko ta ɓata ta. Mu shida muka je: ni da maiɗakina, Baffana, Goggo, da wasu abokaina biyu 'yan kasuwa, muka cika mota ɗaya irin manyan nan masu kujera bakwai. Daga huɗu zuwa shida shi ne daidai. In kun gaza haka kuɗin mota zai danne ku, in kun haura sai mota biyu, kuma da zarar an zama mota biyu shi ke nan an fara "ku jira mu", "ina kuka tsaya", wannan yana son shayi wancan yana son kewayawa. Na taɓa bin babbar bas mai mutum 40 zuwa Yankari, rabin yinin a jiran mutane ya ƙare, mai yi mana bayani yana gaba yana magana mu na baya ko kalma ɗaya ba mu ji. A ƙaramar tawaga kuwa Goggo ma sai da ta yi tambayoyinta har ta gaji. Ku zaɓi mutum ɗaya ya riƙe kuɗi, kowa ya zuba nasa tun kafin a tashi, mota da mai da masauki da tikiti da abinci, abin da ya yi saura a raba a Madina. Riyal yana tafiya da dala ne, 3.75 a dala ɗaya, saboda haka lissafin ba wuya, nairar ce dai ke wasa da hankalin mutum.

Lokacin zuwa daga Oktoba zuwa Maris. Da bazara zafin wajen yana haura digiri 40, kuma kada ka ce ai ni ɗan Gombe ne na saba da rana, a can babu inuwar darbejiya da za ka raɓe, dutse ne da yashi kawai suna maido maka da zafin a fuska. Da hunturu kuma dare akwai sanyi na gaske, ya fi na Disambarmu, a tafi da rigar sanyi.

Tsakanin Madina da Al'ula ya ɗan haura kilomita 300, kamar ka je Bauchi ka dawo Gombe ke nan, awa huɗu ko ƙasa da haka kaɗan, hanya sumul. Jirgin ƙasan Haramaini a Madina ya tsaya, ba ya zuwa can. Akwai filin jirgin sama a Al'ula ga wanda zai taso daga Jidda ko Riyad, amma mu talakawa mota ce tamu. Direba ku same shi ta hannun wanda kuka sani, ɗalibanmu na Jami'ar Musulunci ta Madina sun san masu motocin kirki, kuma ku yi ciniki a ƙare komai tun a otal: zuwa da dawowa ne, mai a kan wa, in an kwana wa zai biya masa ɗaki, zai jira ku a kowane waje ko ajiye ku zai yi ya tafi. Akwai kuma kamfanonin yawon buɗe ido da ke ɗaukar ƙananan tawaga daga Madina da mota da jagora gaba ɗaya, in su za ku bi to ku tambaya mutum nawa ne a motar, tikitin shiga yana cikin kuɗin ko daban yake, da wane yare jagoran zai yi bayani, kuma za a tsaya sallah. Wasu suna yin tafiyar a yini ɗaya, su fita bayan asuba su dawo tsakar dare. Ana yi, amma awa takwas a mota ga dattijo ba ƙaramin abu ba ne, ga raƙuma da kan ratsa titi da daddare. Mu kwana muka yi. Manyan masaukan da ke cikin duwatsu tsadarsu sai masu shi, amma a cikin gari akwai gidajen haya masu ɗaki biyu ko uku da kicin, mutum shida in suka haɗa sai ya zo da sauƙi.

Yanzu ga abin da ya kamata ku gama magana a kansa tun kafin a tayar da mota. Wurin da ya fi suna a yankin shi ne Hijir, wanda ake ce ma Mada'in Salih, kimanin kilomita 20 arewa da garin, kuma duk wanda ya yi makarantar allo ya san sunan nan, akwai sura guda mai suna Hijri, ga labarin Samudawa mutanen Annabi Salihu da taguwa da yadda suke sassaƙa gidaje a duwatsu. Ya tabbata a Bukhari da Muslim cewa Manzon Allah (SAW) ya bi ta wajen a hanyar Tabuka shekara ta 9 bayan Hijira, ya hana sahabbai shiga gidajen waɗanda aka yi wa azaba sai dai suna masu kuka, ya sa aka zubar da ruwan da aka ɗebo daga rijiyoyin wurin, ƙullun da aka kwaɓa da shi aka ba raƙuma, shi kansa ya rufe kansa ya yi sauri har ya wuce kwarin. Saboda haka akwai malamai da suke ganin kada a je don shaƙatawa sam, akwai masu cewa a je in don ɗaukar izina ne. Masu binciken kayan tarihi kuma suna cewa kaburburan da ake gani yau na wasu mutane ne Nabatawa, waɗanda babban birninsu Petra yake a Jodan. Ni ba malami ba ne, kowa ya tambayi malaminsa tun a gida. Abin da ba na so shi ne a je bakin ƙofa a fara musu. Baffa tun a Madina ya ce min, "Kai yaro, ni ba zan shiga ba, ku je ku same ni a gari." Na ce to Baffa Allah ya ƙara girma, ba mu saya masa tikiti ba, ya yi zamansa cikin gonakin dabino yana shan shayi, kuma har yau cewa yake ya fi mu morewa.

Ga waɗanda za su shiga, ba a shiga Hijir da motar kai. Tikiti ake saya ta intanet a shafin Experience AlUla, a zaɓi rana da awa, sai a je wani fili da ake kira Winter Park a hau bas ɗinsu. Ku saya tun da kwanaki don lokacin sanyi gurbi na ƙarewa, kuma katin naira ba abin dogaro ba ne a waje, gara ka ba wani mazaunin can riyal a hannu ya biya maka da nasa. Akwai kuma zagaye da tsofaffin jif ƙirar Land Rover, ku kaɗai da jagoranku, ya fi tsada amma in kun raba ba laifi. Jagororin wurin Rawi ake ce musu, wato mai ba da labari, yawancinsu 'yan garin ne maza da mata, da Larabci ko Turanci suke bayani, don haka ku naɗa tafinta a cikinku ya riƙa juya wa iyaye da Hausa, kuma ya tsaya kusa da jagoran kada ya tafi ɗaukar hoto ya bar mutane.

Hijir shi ne wuri na farko a Saudiyya da UNESCO ta sa cikin wuraren tarihi na duniya, a 2008, kuma akwai kaburbura sama da 100 da aka fafe a jikin duwatsu, galibinsu shekara 2,000 ke nan ko kusa. Wanda kowa ke sawa a hoto shi ne Ƙasrul Farid, dutse ɗaya tilo a tsakiyar yashi. Ka matsa kusa ka duba ƙasansa, za ka ga ba a gama shi ba, saman ya yi santsi ƙasan kuwa har yanzu ga sawun kurfi nan ɓaro-ɓaro, daga nan za ka gane ashe daga sama suke fara sassaƙa su gangaro. A saman ƙofofin wasu kaburburan akwai rubutu, sunan mai kabarin da danginsa da tsinuwa da tara ga duk wanda ya sayar ko ya binne bare a ciki, abokina ya ce ashe rigimar fili ba yau aka fara ba, sai da Goggo ta harare shi ta ce "A nan ɗin ma sai ka yi wasa?" kowa ya kama bakinsa. A Jabal Islib kuma, wasu duwatsu a nan cikin Hijir, akwai wani babban ɗaki da aka fafe mai dakali a gefe uku, Diwan, inda suke taro, da wani siririn lungu tsakanin duwatsu biyu mai iska mai sanyi. Ba a hawa duwatsun, ba a rubuta suna, ba a ɗaukar ko tsakuwa.

Dutsen kansa na yashi ne da ya dunƙule tun fil azal, dangin wanda ke Dutsen Bima da kogunan Yankari, shi ya sa yake sassaƙuwa, jan kuma tsatsar ƙarfen da ke cikinsa ce, iska da ruwa su suka yi ta cinsa har ya fitar da siffofin nan. Da tsakar rana launin kodewa yake yi ya koma kamar ƙasar bulo, da hantsi da kuma bayan la'asar ne yake yin ja kamar garwashi, don haka in kana zaɓar awa a tikiti ka ɗauki ta farko da safe. Yammar kuma ku ajiye ta don Jabalul Fil, Dutsen Giwa, tsayinsa mita 52 kuma wallahi giwa ce sak har da hancin ya taɓa ƙasa, an yi wuraren zama a cikin yashi, ku isa kafin magariba da kamar awa ɗaya. Wannan ba ya cikin Hijir, da Baffa muka je.

In da sauran lokaci washegari ku leƙa tsohon gari, gidajen ƙasa ne kusan 900 manne da juna da lunguna masu rufi, mutane na ciki har wajen shekarun 1980, da can zangon alhazan Sham ne. Goggo ta ce ita ba ta ga abin kallo ba, wai irin gidan kakarta ne. Akwai kufan wani tsohon birni da ake ce ma Dadan, da Jabal Ikma mai ɗaruruwan rubuce-rubuce a jikin dutse, su ma da tikiti da jagora, sai ginin madubi Maraya wanda mu ba mu samu zuwa ba.

Kayan tafiya ba yawa: kambas maimakon silifas don yashi da tsakuwa, hula ko lema, tabarau, ruwa katan guda a but, abin cajin waya, maganin duk mai shan magani, da fasfo a aljihu ko da an tsayar da ku a hanya. Tafiya ce ta ƙasaru, ku sa darduma a mota. Dabino da lemon garin suna da kyau, mu kwali biyu muka sayo na tsaraba, ɗaya bai kai Madina ba.