Yadda za a yi idan mai hoton biki ya daina amsa waya

An ba da kafin alƙalami, an raba katin gayyata, saura mako uku a ɗaura aure, sai mai hoto ya yi shiru. Wannan abu yana tayar da hankalin amare da anguna a Yamai, musamman a watan Sha'aban, lokacin da kowa ke son a yi biki kafin azumi. Sau da yawa ba gudu ya yi ba, aiki ne ya yi masa yawa. Amma kada ku zauna kuna zato. Ku sa wa shirun nan wa'adi, ku bi shi mataki-mataki.

Da farko ku duba irin shirun. A WhatsApp, alama ɗaya na nufin saƙo bai shiga wayarsa ba: ko tana kashe, ko ba intanet, ko ya canza lamba. Alama biyu, ya shiga. Idan sun yi shuɗi ya buɗe, sai dai wasu suna kashe wannan alamar, don haka rashin shuɗi ba hujja ba ce. Ku kuma lura da ranar. Asabar da Lahadi mai hoto yana gidan biki, hannu riƙe da kamara, kiɗa na tashi, ba zai ji kira ba. Ku neme shi Talata ko Laraba da hantsi, lokacin da yake zaune gaban kwamfuta yana gyaran hotuna.

Sai a zaɓi mutum ɗaya ya riƙa magana da shi, abokin ango ko yayar amarya. Idan mutum biyar suna kiransa, kowa da tasa maganar, shi ma ruɗewa yake yi. A aika rubutaccen saƙo gajere, ba muryar minti huɗu ba, wadda zai ce sai anjima ya saurara, ya manta. Misali: "Salamu alaikum Malam, ina aiki? Muna tuni kan bikinmu na ranar Asabar 14 ga wata, ɗaurin aure ƙarfe 8 na safe a Yantala. Mun ba da jika 25. Don Allah ka tabbatar mana kafin Alhamis cewa kana nan." Saƙon ya ƙunshi rana, wuri, kuɗi da wa'adi, kuma kalma ɗaya ta isa amsa.

Kwana uku suka wuce ba labari? To ku ajiye waya, ku taka da ƙafa zuwa shagonsa. Ku tafi da wanda ya haɗa ku da shi, domin mutum yana iya share baƙuwar lamba, amma da wuya ya share wanda yake kawo masa aiki.

Wannan zaman shi ne mafi muhimmanci, kada ku ɓata shi da faɗa. Ku tambaye shi kai tsaye: biki nawa ya karɓa a wannan ranar? A nan matsalar take ɓuya. Wanda ya karɓi biki biyu ko uku rana ɗaya yakan yi shiru ne saboda bai gama shawarar inda zai je da kansa ba, da inda zai tura yaransa. Idan yana da ɗaurin aure a unguwar Harobanda ƙarfe 8, naku kuma a unguwar Lazare ƙarfe 8 da rabi, ga kogi a tsakani, ga cunkoson gadar Kennedy, ba zai riski duka biyun ba. Fatiha kuwa mintoci kaɗan ce, ba a maimaita ta don mai hoto ya makara. Idan yaro zai turo, ku ce a nuna muku shi, ku karɓi lambarsa, ku ga hotunan da ya ɗauka da hannunsa, musamman na cikin ɗaki da na dare, domin a wurin kai amarya ake gane gwani. Ku tambayi kayan aiki ma: batir aƙalla biyu da aka caja tun jajibiri saboda ɗaukewar wuta, katin ajiya na biyu, da fitilar kamara.

Kafin ku tashi a rubuta komai a takarda: ranakun lalle, ɗaurin aure da kai amarya, lokacin zuwa, abin da aka biya, abin da ya rage, da ranar ba da hotuna. Kowa ya sa hannu, ku ɗauki hoton takardar. Kada ku cika kuɗi don ku faranta masa. Cikon da ke hannunku shi ke sa a kawo hotuna a kan lokaci.

Idan kuwa saura kwana 10 ba ku same shi ba, ko ya ci gaba da yi muku gobe-jibi, ku nemi wani nan take. Mai kwalliyar amarya da masu hayar rumfa da kujeru sun san masu hoton da ke cika alkawari, tunda tare suke aiki kowane mako. Bayan kun daidaita da sabon, ku rubuta wa na farko cewa kun janye, don kada mutum biyu su haɗu a ƙofar gida.

Maganar dawo da kuɗi a bar ta sai bayan biki. Ku adana rasit ɗin kamfanin aika kuɗi na Nita ko Amana idan ta nan kuka aika, tare da saƙonninku. A fara da dattijon da yake jin nauyinsa, sannan mai unguwa, hukuma kuwa sai an rasa yadda za a yi. Ba mu ba da shawarar a sa hotonsa a Facebook cikin fushi, domin wani lokaci rashin lafiya ko rasuwa ce ta ɗauke shi.

Ko da ya tabbatar zai zo, ku ware mutum biyu masu waya mai kyau, namiji a wajen maza, mace a cikin gida. Su share wurin ajiya a wayar, su cika caji, su goge gilashin kamara. Idan za su turo hotunan ta WhatsApp, su aiko su a matsayin fayil, in ba haka ba manhajar tana matse su, kuma ranar da za a wanke babban hoton bango sai a ga ya dushe.