Kurakuran da ke halaka mutum in ya yi kiciɓis da kura, zaki ko kada

A majalisar samari ba a rasa mai bugun ƙirji ya ce shi in kura ce shaƙe ta zai yi, ko kuma in ya samu gora mai kauri damisa ma ba za ta sha ba. Duk sanda na ji wannan musu sai gabana ya faɗi, domin a gidanmu aka yi jinyar wanda kura ta kama. Ƙanin mahaifiyata ne. Da bazara ne, zafi ya hana kwanan ɗaki, ya shimfiɗa tabarma kusa da turken awaki a bayan gari. Bai ji tahowarta ba. Warin bakinta ne ya tashe shi, da nauyi a kan ƙirjinsa. Ya rayu, amma kunnen hagu ya tafi da wani sashe na kumatu, har ya koma ga Allah da gefe ɗaya yake tauna. Ina yaro na taɓa tambayarsa, "Kawu, da me ka doke ta?" Ya daɗe yana kallona, sannan ya ce, "Ɗana, ban doke ta ba. Ihu na yi ta yi, Allah ya kawo mutane da wuta, ta sake ni."

Kuskuren farko ke nan, kuma shi ya haifi sauran: ɗaukar abin kamar dambe, inda za a kara a ga wanda zai kai wani ƙasa. Namijin zaki yakan wuce kilo 150. Kura mai dabbare-dabbare takan kai kilo 60, da muƙamuƙin da ke farfasa ƙashin ɓauna. Damisa sau da yawa ba ta kai ƙaton mutum nauyi ba, amma tana hawa bishiya da naman da ya fi ta nauyi a baki. An yi mutanen da suka kashe damisa da hannu, gaskiya ne. Wanda aka fi ambata shi ne Carl Akeley, Ba'amurke, a ƙasar Somaliya a 1896. Sai dai damisar ƙarama ce, ya riga ya yi mata rauni da harsashi, kuma duk da haka ta yi wa hannunsa kaca-kaca. Gyaran wannan kuskure a zuciya yake farawa. Ba kashe dabbar kake nema ba. So kake ta ga cewa kai wahala ne, ta haƙura ta tafi. Naman dawa yana tsoron rauni, don zakin da ya rasa ido ko ya karye a ƙafa yunwa ce za ta ƙarasa shi.

Raina kura kuwa mun san inda muka samo shi. A tatsuniya kullum ita ce wawiya, matsoraciya, Gizo na yi mata wayo. A kasuwa kuma mun ga gardawa na jan ta da sarƙa, har aka ce kura da shan bugu, gardi da karɓar kuɗi. Amma a dubi bakin waccan kurar: takunkumi ne a kai, kuma ta daɗe a hannun mutane. Ta dawa tana iya gudun kilomita 60 a awa, ba ta saurin gajiya, kuma ba mushe kaɗai take ci ba, farauta take yi da kanta. Tsoronta na mutumin da ke tsaye ne, ido biyu. Mai barci, yaro ƙarami, tsoho da mara lafiya, waɗannan take nema, kuma fuska take fara kamawa. Saboda haka a inda ake jin kukan kura, ko zafi ya kai yaya, kada a kwantar da yara a fili marar danga, kada a kwana jikin turken dabbobi, kada a zubar da ƙashi da kayan ciki kusa da makwanci.

Sai gudu, wanda shi ne abin da ƙafa ke yi kafin kai ya yi tunani. Usain Bolt a ganiyarsa bai wuce kilomita 45 a awa ba, zaki kuwa a ɗan gajeren zango yana kusantar 80. Ba rashin tsira kaɗai ne aibin gudu ba. Duk abin da ya ba zaki baya ya zura, ya gaya masa cewa shi abinci ne. Abin yi shi ne ka tsaya, ka fuskance shi, ka ɗaga hannuwa, in da babbar riga ko mayafi ka buɗe don ka ƙara girma a idonsa, ka yi tsawa da kakkausar murya. Ka riƙa ja da baya a hankali, kana jan ƙafa don kada ka yi tuntuɓe. In ya taso maka, ka cije ka tsaya, domin sau da yawa barazana ce, yakan ja birki kafin ya iso. In kuna da yawa ku haɗu wuri ɗaya, yara a tsakiya. Kada kowa ya tsuguna, ko don ɗaukar dutse, sai in babu makawa, saboda tsugunne mutum ya koma girman akuya. Maharba sukan ce damisa dabam ce, ba ta son a tsura mata ido: in ka hango ta a ɓoye, ka nuna kamar ba ka gan ta ba, ka kauce ka bar mata hanya. Ba banza aka yi mata kirari da ƙi sabo ba.

Akwai wata shawara da ke yawo a intanet, wai ka kwanta ka yi kamar ka mutu. Wannan ta mutanen Amurka da Kanada ce, kuma ko a can ga wani nau'in beyar kaɗai take aiki, lokacin da uwa ke kare 'ya'yanta. Wanda ya kwanta wa kura ya sauƙaƙa mata aiki ne kawai. Hawa bishiya yana ceto daga kura, don ba ta hawa. Ga damisa kuwa gidanta ka shiga, zaki ma yakan taɓa hawa in reshen na ƙasa ne.

In ƙaddara ta sa dabbar ta riga ta kama ka, to babu sauran lallashi. Ka yi iya yinka kada ka faɗi. Ka sunkuyar da haɓa ka kare maƙogwaro da ƙeya, don nan zaki da damisa ke nema. Duk abin da ke hannunka, sanda, fartanya, tocila, buta, ka cusa mata a baki, in babu komai gara ta kama damtse da ta kama wuya. Ka nemi ido da hanci, kada ka ɓata ƙarfi kana dukan haƙarƙari. Kuma kada ka daina ihu.

Kuskuren da ya fi cin rai ba a fagen karon ake yin sa ba, tun a gida ake yin sa, wajen zaɓen lokaci da wuri. A Tanzaniya, mai binciken zakuna Craig Packer da abokan aikinsa sun ƙirga mutum 563 da zakuna suka kashe daga 1990 zuwa wajen 2005. Da yawansu manoma ne masu kwanan gona a 'yan bukkoki, suna gadin amfani saboda aladun daji. Sai zaki ya biyo aladen, ya tarar da mutum. Daga baya suka gano wani abu da duk mai lissafin wata zai gane nan take: harin ya fi yawa a kwanaki goman da ke bin daren sha huɗu ga wata, tsakanin magariba da ƙarfe goma na dare. Dalili kuwa, a dararen farin wata zaki ba ya samun farauta sosai, yunwa ta tara masa. Da an wuce sha huɗu ga wata, sai wata ya riƙa makara wajen fitowa, duhu ya rufe daidai lokacin da mutane ba su kwanta ba, wani na dawowa daga gona, wata ta fita kewayawa, yaro an aike shi. Makiyayi da mai kwanan gona su riƙe wannan. A irin waɗannan darare a dawo da wuri, kada a fita kewayawa mutum ɗaya babu fitila, bukkar gona kuma a yi mata ƙofa ta gaske ko a ɗaga ta sama.

Gaskiya zaki ya yi ƙaranci a wajenmu. Ƙidayar da aka wallafa a 2014 ta nuna kimanin 400 suka rage a duk Afirka ta Yamma, mafi yawansu a dajin da ya haɗa Nijar, Benin da Burkina Faso, a Najeriya kuwa 'yan kaɗan a Yankari da Kainji. Wanda ya fi kusa da yawancinmu yana cikin ruwa.

Kada ba ya bin mutum, jira yake yi, kuma yana koyon al'ada. Matar da ke zuwa mashaya ɗaya, a lokaci ɗaya, ta durƙusa a kan dutse ɗaya tana wanki, ta ba shi duk abin da yake buƙata. A riƙa sauya wuri. A ɗebi ruwa da guga mai igiya, a ja baya a yi wankin nesa da gaɓa. Masunta su daina feɗe kifi suna watsa kayan ciki a inda yara ke wanka, kada kuma a saki hannu ko ƙafa a gefen kwalekwale. Ruwa ya yi tsit ba shaida ba ce, musamman da asuba da almuru da lokacin ambaliya. Maganar a yi masa gudun karkace-karkace a tudu ba ta da amfani, ka miƙe kawai ka yi nesa da ruwa, ba ya bin mutum da nisa. In ya kama, kada ka tsaya ɓanɓare bakinsa, babu mai wannan ƙarfin. Ka caki ido. In hannunka na ciki, akwai wata fata a ƙarshen harshensa da ke tare ruwa daga maƙogwaro, ka tura ta. In ya fara juyi ka bi shi ku juya tare, turjewa ce ke cire gaɓa. Wasu sun ga hotunan Paga a arewacin Gana, inda baƙi ke riƙe wutsiyar kada, suka ɗauka duk haka suke. Waɗancan sun saba da mutane kuma ana ciyar da su. Dorina ba nama take ci ba, amma wanda ya shiga tsakaninta da ruwa, ko tsakaninta da ɗanta, ya shiga haɗarin da bai gaza wannan ba.

Kan laya da guru da maganin ƙarfe ba zan tsawaita ba. Na san masu fita da su, na kuma san cewa an umarce mu mu ɗaure raƙumi sannan mu yi tawakkali. Duk abin da zai sa mutum ya matsa kusa da abin da ya kamata ya nisanta, cutarsa yake yi.

Taron jama'a ma yana da nasa kuskuren. Sarkin yawa ya fi sarkin ƙarfi in an tsaya wuri ɗaya, amma in aka yi wa dabba zobe aka toshe mata mafita, ta kan wani za ta bi. Lokacin da zaki ya kuɓuce a gidan zu na Kano a 2019, awakin da ya samu ya ci, ya koma keji ba tare da ya kashe kowa ba. A irin wannan hali a shige gida, a rufe ƙofa, a bar wa ma'aikata. Haka bin sawun damisa mai rauni cikin sarƙaƙiya, ko ɗaukar 'ya'yanta da aka tsinta: uwar ba ta yi nisa ba.

Na ƙarshe shi ne wanda ya kusa kashe kawuna bayan kura ta bar shi. Aka cusa wa raunin toka da garin magani, aka ɗaure tam, aka ce jini ya tsaya. Kwana huɗu fuska ta kumbura ta fara wari, zazzaɓi ya rufe shi, a kan amalanke aka kai shi bakin titi. Haƙori da farcen mai cin nama cike suke da ƙwayoyin cuta, kuma ramin cizon ya fi yadda ake gani zurfi. In jini na zuba, a danne da tsumma mai tsabta, a riƙe da ƙarfi. Da ya lafa a wanke da sabulu da ruwa mai yawa na minti 15, a duba agogo, don ya fi yadda ake zato tsawo. Kada a zuba toka, ƙasa ko man birki, kada a ɗinke a gida. A tafi asibiti a ranar, a faɗa musu dabbar da ta yi cizon, a nemi allurar sarƙe-haƙora da ta haukan kare, domin kura da dila suna iya ɗaukar cutar haukan kare, kuma da zarar alamunta sun bayyana kusan babu mai tashi. Allurar haukan kare ba guda ɗaya ba ce. Za a rubuta maka ranakun komawa, ka cika su duka ko da raunin ya bushe.